Yadda Sandar Yero Ta Koma Bindiga

Ku 'ya'yana kun taso kun tarar ba na shiga gidan Baffanku Sale, shi ma ba ya shiga nawa, kuma kowa ya ba ku labarin yadda ya ga dama. Wasu sun ce muku hassada ce, don shi ya gina bene ni ina cikin ginin ƙasa. Wasu sun ce taurin kai ne irin namu na gado. Na ji har da cewa wai a kan gwangwanin fenti muka rabu. Shekara da shekaru ina jin wannan ina haɗiyewa, saboda kakarku Iya tana da rai, kuma ita ta ɗaure mini baki. Yanzu Iya ta riga mu gidan gaskiya, ni ma idona ya fara dishi-dishi, hannun da a da yake jan layi a jikin mota ba ma'auni yau cokali ma rawa yake yi a cikinsa. To ku ji daga bakin wanda abin ya faru a kansa.

Sana'ata zanen mota ce. Rumfata tana bakin tasha a Tudun Wada, inda gongoro masu bodin katako suke yada zango in sun ɗauko masara da rake daga wajen Doguwa za su Kano. Direba ba ya jin motarsa ta cika mota sai an yi mata ado a baya. Wannan ya ce zaki yake so, wancan ya ce ɗawisu, wani ɗan dambe, wani jirgin sama. Sale a hannuna ya koya, kuma gaskiya ɗaya ce, hannunsa ya fi nawa sauri, wajen haɗa launi kuwa ban isa in ja da shi ba. Ina faɗin haka ne don kada wani ya ce ɓacin rai ya hana ni ganin abin da Allah ya ba shi.

Wata damina na hau motar taki zan je Doguwa rubuta allon wani shago. Mun shiga dajin Falgore ruwa ya kece, motar ta zame ta kwanta a wani kwazazzabo, buhunan taki suka danne mini ƙafa. Direba da sauran fasinja kowa ta kansa yake yi. Sai ga wani Bafillatani ya fito daga cikin itatuwa, dogo, siriri, jiƙe sharkaf. Bai tambaya ko mu su wane ne ba. Ya ɗaga buhunan nan ɗaya bayan ɗaya, ya goya ni a bayansa har rugarsu, ya sa aka yi mini ɗori, matarsa ta dama mini fura. Da ruwa ya ɗauke ya koma da shanun huɗarsa da igiya da 'yan'uwansa, suka tayar da motar. Direba ya miƙa masa wani abu, ya kalli hannun direban kamar an miƙo masa garwashi. Sunansa Yero. Yana da wushirya, da wani tabo a girar hagu inda ƙahon saniya ya taɓa samunsa. In ya tsaya, sai ya gicciya sandarsa a kafaɗa ya rataya hannuwansa biyu a kanta, irin tsayuwar mutumin da ba ya shirin dukan kowa.

Da na warke na koma rugar da goro da gishiri na yi godiya, sannan na faɗi abin da ke raina.

"Malam Yero, ina so in zana ka a bayan mota."

Ya yi dariya har sai da ya dafa gwiwa. "Ni? Me za a yi da fuskar mai kiwo a gindin mota, in ban da shan hayaƙi?"

"Mutane su ga irinka akwai."

Ya kalli shanunsa. "To zana, Mai Fenti. Amma abu ɗaya. Kada ka sa ni ina yin abin da ban taɓa yi ba."

Na ce na ɗauki alkawari.

Na zauna a gabansa na zana fuskar a kwali, tabon da wushiryar da komai. Da na koma rumfa na bi layukan da allura na huhhuda su. In za a yi aiki sai a manna kwalin a jikin katako, a ɗaure garin gawayi a tsumma a bubbuga, fuskar ta fito ɗigo-ɗigo, sai a bi da buroshi. Shi ya sa ko mota nawa aka yi, fuskar ba ta canjawa. Na faɗaɗa masa ƙirji, na sa bargo yana kaɗawa a bayansa, na ɗaga ƙafafunsa sama da itatuwa kamar yana tafiya a kan iska, sandarsa a kafaɗa. A ƙasa na rubuta A Sauka Lafiya. Ranar da Yero ya fara gani a tasha ya daɗe yana zagaya motar, sannan ya ce tashi sama kam bai taɓa yi ba, amma wannan ƙarya ce mai daɗi, ya yafe.

Direbobi suka sa masa suna Mai Sanda, kuma tun ban ankara ba ya fi ƙarfina. A teburin mai shayi sai ka ji ana ba da labarinsa kamar wanda aka yi yawo tare. Wai birki ya tsinke wa wata mota a gangare, Mai Sanda ya sauko ya tare ta da tafin hannu. Wai gada ta karye ya kwanta motoci suka bi ta bayansa. Wanda na fi so shi ne na ɓarawon da ya kama da buhun masara. Maimakon ya dake shi sai ya ɗaukar masa buhun har gida, ya ga 'ya'yansa da yunwa, ya biya mai masarar, gari na wayewa ya samar wa ɓarawon aikin dako. A duk labaran nan ba inda sandar ta sauka daga kafaɗarsa. Na san ƙarya ce, su ma masu faɗa sun sani, amma irin ƙaryar da ke sa yaro ya kwanta yana son ya zama mutumin kirki ce. Daga Bebeji har Doguwa direbobi suka yarda fuskar nan tana da sa'a, motar da ke ɗauke da ita ba ta faɗuwa.

Haka muka yi shekaru, har zamani ya juya. Mulkin soja ne, fetur ya yi wuya, komai ya yi tsada, hanyar daji kuma ta lalace da fashi. A gicciya itace a titi, a fito da bindigogi, a kwantar da mutane a kwalta. A shekarar ne aka harbe Garba, direba, abokin Sale tun na yarinta. A shekarar ne kuma aka buɗe gidan bidiyo a bayan tasha, inda ake nuna finafinan Turawa na wasu ƙarti masu ɗaure kai da ƙyalle, harsasai sun sarƙe musu ƙirji, mutum ɗaya ya kashe gari guda bai ko yi tari ba. Samari suka koma can, har da Sale. Ba na ganin laifin kowa don ya ji tsoro, ni ma na ji. Abin da ban gane ba shi ne yadda tsoro ya sa mutane suka fara jin kunyar abin da suke so jiya.

Wani direba, Tanimu, shi ya fara kawo mini maganar.

"Malam Idi, Mai Sandan nan fa ya tsufa. A sa masa bindiga, a ɗaure masa fuska. 'Yan fashi su gani su san ba motar wasa ba ce."

Na ce, "Mai bindiga kake so, zan zana maka. Amma da wata fuskar."

"A'a. Sa'ar ai a fuskar take."

"To fuskar tana da mai ita, kuma bai taɓa riƙe bindiga ba."

Ya taɓe baki ya tafi. Bayansa wasu suka zo, duk amsar ɗaya na ba su. Sale yana gefe yana wanke buroshi, bai ce uffan ba, ni kuma na ɗauka shirun na goyon baya ne.

Aka yi mana rasuwa a Kiru na je na yi kwanakin zaman makoki. Ranar da na dawo, tun daga nesa na hango motar Tanimu a gaban rumfata, mutane sun kewaye ta. Na kutsa na duba. Fuskar Yero ce, tabon nan yana nan a girar hagu. Tsayuwar ma ba a canja ba, hannuwa a rataye a kafaɗa, sai dai abin da ke gicciye ya zama bindiga. Layi kaɗan Sale ya ƙara wa sandar, ya yi mata baki da gindi da kunama. Ya ja idanun ya zuba musu ja, ya mayar da murmushin cizon haƙora, ya sarƙa harsasai a ƙirji, ya mayar da bargon baƙi. Ya sauko da ƙafafun daga sama ya ɗora ɗaya a wuyan wani mutum da ke kwance. Inda nake rubuta A Sauka Lafiya ya rubuta Babu Afuwa. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne zanen ya yi kyau. Ban taɓa yin aikin da ya kai shi ɗaukar ido ba.

Ban yi magana a tasha ba. Na bari sai da muka koma gida bayan la'asar, a tsakar gida, Iya tana kan tabarma tana tsince wake, mahaifiyarku tana bakin murhu.

Na ce, "Sale, wa ya ba ka izinin taɓa kwalin nan?"

"Yaya, zamani ne ya canja. Jarumin da ba ya duka, wa zai tsorata?"

"Da ma ba don ya tsorata kowa na zana shi ba."

"Na sani. Ranar da aka harbe Garba, Mai Sandanka yana bayan motarsa yana murmushi. Ni na wanke jinin daga jikin katakon."

Wannan maganar ta shige ni. Na dai ce masa fenti ba ya tare harsashi, ko na sanda ne ko na bindiga. Na ce ya zana mai bindigarsa ya sa masa fuskar kansa, tunda shi ne mai fushin. Ya ce fuskarsa ba ta da sa'a. Na ce fuskar nan amana ce, mutum ne mai rai yake yawo da ita kasuwa-kasuwa. Ya ce Bafillatanin da ke cikin daji ina ruwansa da bayan mota. Mahaifiyarku ta ce a yi haƙuri a bi a hankali, ba wanda ya saurare ta. Nan Iya ta ajiye faifai. Kun san ba ta faɗin sunana, don ni ne ɗan fari.

"Kai babba, zane ne fa. Katako ne da fenti. A kan hoton bare za ku raba mini gida?"

"Iya, baren nan shi ya goyo ni daga daji."

"Na ji, Allah ya saka masa. Amma wannan cikinku ɗaya. Duk abin da ƙanenka ya yi, kada in ji ka kai sunansa waje. Ka rufa masa asiri, in dai ni na haife ka."

Na sunkuyar da kai na ce to. Ga shi nan, alkawari biyu ke nan a wuyana, na Yero da na Iya, kuma a ranar ban ga inda za su yi karo ba.

Gari na wayewa na ƙona kwalin a gaban rumfa. Sale ya tsaya yana kallo bai hana ni ba, don ya riga ya kwafa, kuma ko ba kwafi hannunsa ya haddace fuskar. Ya kafa tasa rumfar a ɗaya gefen tashar. Kafin kaka ta wuce duk motocin sun koma wurinsa, har waɗanda na zana da hannuna aka riƙa kai masa yana mayar da sandar bindiga. Ni na koma rubuta allon masu chemis da lambar gida. Na bi direbobi ɗaya-ɗaya ina roƙo su bari in canja fuskar kyauta, suka sa mini suna Malam Idi mai wa'azi. Na hau mota na je rugar Yero in gaya masa, na tarar ya yi kudu da shanu neman ruwa, sai wata tsohuwa mai nauyin ji aka bari. Na bar saƙo cewa in ya dawo kada ya shiga kasuwa sai ya gan ni. Ko ta ji, ko ta manta, Allah ne ya sani.

Labaran teburin mai shayi ma suka canja. Sunan dai yana nan, Mai Sanda, ko da yake ba sandar. Amma wannan ba ya tare mota, ba ya ɗaukar wa kowa kaya. Wai ya kama mutum bakwai a daji ya ɗaure su a itace ya bar wa kuraye. Wai ba ya tambaya, in ya zarge ka ka gama yawo. In an zo nan a labarin sai a kwashe da dariya a tafa. Na da, in an gama labarinsa, shiru ake yi, wani ya ce Allah ya sa mu dace. Ina zaune ina jin yadda ake yabon wannan sabon da abin da ake tsine wa 'yan fashi a kansa, ba wanda ya ga abin mamaki a ciki.

Da ruwa ya sauka Yero ya dawo. Ya kai bijimi wata kasuwar ƙauye tsakanin Falgore da Doguwa. A makon an tare wasu fatake baƙi a hanya an yi musu ƙwace, ɗaya daga cikinsu yana kasuwar ran nan. Ya ga Yero ya tsaya cak, ya nuna shi.

"Wallahi na san fuskar nan. Na gan shi da bindiga."

Kuma ba ƙarya ya yi ba. Ya gan shi, a bayan wata mota da suka bi tun daga Kwanar Ɗangora, sai dai tsoro ya haɗe masa abin da ya gani a katako da abin da ya gani a daji. Wani a cikin taron ya ce ai wannan shi ne na jikin mota. Maimakon hakan ya cece shi sai ya zama hujja, aka ce to ka gani, har masu mota sun san shi da bindiga, in ba haka ba me zai sa a zana shi da ita. Samarin da suka far masa ba su tambaye shi komai ba. Da sandarsa suka fara. Wani tsohon mahauci da ya daɗe yana sayen dabba a hannunsa shi ya kwanta a kansa yana rantsuwa, sannan aka bar shi. An karya masa kafaɗa, idon hagu kuma ya tafi.

Da labari ya iso tasha na tsallaka rumfar Sale, karo na farko tun rabuwarmu. Yana haɗa jan fenti. Na gaya masa. Ya ce, "Allah ya kiyaye gaba. Ni na dake shi?" Ya ci gaba da juya fentinsa.

Na je rugar na tarar ana kwance bukkoki ana ɗaura kaya a kan jakuna. Yero yana zaune a gindin itace, hannu a ɗaure da ƙyalle, rabin fuska a kumbure. Na durƙusa na gaishe shi, ya amsa kamar yadda ya saba, ya tambayi iyali. Sannan ya ce shi fa har yanzu bai ga abin da aka dake shi a kansa ba, in kai shi ya gani. Na so in hana, ya riga ya miƙe. Muka taka a hankali har bakin titi, wurin wani hawa inda manyan motoci suke rage gudu. Ba mu daɗe ba wata gongoro ta taho tana nishi da lodin itace, ta wuce mu kamar tana rarrafe, zanen Sale a bayanta. Ya juya kansa gaba ɗaya don ya kalla da idon da ya rage. Ya bi ta da kallo har ta gama hawan.

"Ni ne kuwa," ya ce. "Har tabon. Ni ma da na gamu da wannan a daji, gudu zan yi."

Ya juyo gare ni.

"Waɗanda suka dake ni na yafe musu, ba su san ni ba. Kai ka san ni, Mai Fenti. Ka ci abinci a gidana. Abu ɗaya na roƙe ka."

Sunan Sale ya zo mini har kan harshe. Kalma biyu ce, ƙanena ne, da na faɗa da mutumin nan ya tafi ya san ban ci amanarsa ba. Sai na ga Iya a kan tabarmarta. Na tsaya ina kallon kwalta kamar ɓarawon da aka kama da kaya a hannu. Yero ya jira, ya ba ni lokaci sosai, don shi mutum ne da ba ya son ya yanke wa kowa hukunci bai ji daga bakinsa ba. Da ya ga ba abin da zai fito, ya gyaɗa kai. Na miƙa masa hannu, ya ce hannun ba ya ɗaguwa. Na dama ne na miƙa wa, kuma na hagu ne ya karye.

Na dawo gida na gaya wa Iya na cika mata alkawarinta, ta ce Allah ya yi mini albarka, ta ce yanzu sai in je mu shirya da ɗan'uwana. Na ce mata duk zumuncin da ke tsakanina da Sale na ƙarar da shi a bakin titin nan, ban dawo da ko na gaisuwa ba. Ta yi kuka, ta yi fushi, ta turo mini dattawa, ban canja ba. Shi kuwa bai taɓa zuwa ya tambaye ni me Yero ya ce ba. Ya ci gaba da zana fuskar har gongoro suka ƙare a hanya, da ita ya gina benen da kuke zuwa cin tuwon salla. Ban hana ku zuwa ba, kuma yanzu ma ba na hana ku, baffanku ne.

Su Yero sun yi gabas, aka ce wajen ƙasar Bauci. Na sha aika tambaya ta bakin masu shanu, ina cewa ranar da bakina ya kwance zan neme shi ko ina yake in faɗa masa. Iya ta yi tsawon rai, Allah ya jiƙanta. Bayan an yi addu'ar bakwai ɗinta na je kasuwar shanu na samu wani dangin Yero, na ce ya kwatanta mini inda yake. Ya ce ai Yero ya daɗe da rasuwa. Ku kun ji yanzu. Wanda ya kamata ya ji ya mutu yana zaton ni ne.